Babi na Biyar: Safar Hannu da Kulki

Wai shin wasan nan da Amurkawa ke yi da kulki da hular hana-sallah, akwai ɗan Afirka a cikinsa kuwa?

Tambaya ce da kan taso a gidajen kallon ƙwallo, ko a Ƙofar Guga ko a Ƙofar Ƙaura, duk ranar da mai riƙe da rimot ya ɓace hanya garin neman wasan Arsenal, ya faɗa kan wani koren fili inda mutum ɗaya ke jifa, ɗaya na jiransa da kulki, sauran kuma sun wawwatsu kowa da ƙatuwar safar fata a hannu ɗaya. Kafin a cika minti guda an fara ihun a canza tasha. To amma duk wanda ya taɓa jin irin kuɗin da ke yawo a wasan besbol ba ya rasa yin tambayar. Ai a ƙwallon kwando mun ga Hakeem Olajuwon ya taso daga Legas ya gagari kowa a Amurka. A damben zamani Hogan Bassey da Dick Tiger sun ɗauko kambun duniya tun kakanninmu suna samari. Ƙwallon ƙafa kuwa ba a magana. To a ina aka baro mu a wannan?

Akwai, sai dai an sha jira. An kafa National League, wadda ita ce babbar yaya a rukunai biyu na MLB, babbar gasar besbol ta Amurka, tun 1876. Ba a ga wanda aka haifa a doron nahiyar Afirka ya taka filin gasar ba sai a 2017, bayan shekara 141 ke nan. Sunansa Gift Ngoepe, baƙar fata ɗan Afirka ta Kudu, mai tsaron cikin fili. Ya yi sama da shekara takwas yana fafutuka a ƙananan ƙungiyoyi kafin ya isa, da ya isa kuma wasa 41 kacal ya buga. Shekara takwas domin wasa 41. Idan muka gano yadda aka yi lissafin ya tsaya haka, mun gano dalilin da ya sa Afirka ta makara.

Yadda ake wasan, a gurguje

Kowace ƙungiya tana da mutum tara a fili. Akwai tashoshi huɗu da aka jera a kusurwoyin murabba'i, tsakanin kowace da 'yar'uwarta mita 27 da 'yan kai. Ta huɗun ita ce gida, kuma nan mai bugu ke tsayawa da kulkinsa. Mai jifa yana tsakiyar murabba'in, kimanin mita 18 daga gida, yana wurgo wata 'yar ƙwallo mai tauri da aka ɗinke da fata, a gudun da kan kai kilomita 150 a awa. Mai bugu ya same ta, sai ya yar da kulki ya sheƙa tasha ta ɗaya. In ƙwallon ta riga shi isa can, an fitar da shi. In aka cafe ta a sama kafin ta taɓa ƙasa, an fitar da shi. In ya kasa samun jifa mai kyau har sau uku, nan ma an fitar da shi. Aka fitar da mutum uku sai a yi musaya, masu tsaro su karɓi kulki, masu bugu su sa safa. Haka za a yi ta yi har zagaye tara. Maki ɗaya shi ne ɗan wasa ya kewaye tashoshin nan ya dawo gida ba a fitar da shi ba.

Abin da ya rage mai karatu ya riƙe shi ne yawan wasannin. Ƙungiyoyi 30 ne a MLB, kowace tana buga wasa 162 a cikin wata shida. Kusan kullum ke nan ana fili.

Mutanen ciki

A bayan mai jifa akwai mutum bakwai. Uku suna can nesa a kan ciyawa suna jiran ƙwallon da ta yi sama. Huɗu kuma suna kusa, a kan jar ƙasar da ta kewaye tashoshin, su ne masu tsaron ciki: ɗaya a tasha ta ɗaya, ɗaya kusa da ta biyu, ɗaya a ta uku, sai na huɗu da ke tsayawa tsakanin ta biyu da ta uku. Wannan mai tsaron tsakanin shi ne aka fi ɗora wa nauyi, don ta wajensa ƙwallo ta fi bi, kuma jifansa zuwa tasha ta ɗaya na cikin mafi nisa. Nan ne ainihin gurbin Ngoepe, ko da yake yakan tsare ta biyu da ta uku in buƙata ta taso.

Duk sana'ar mutanen nan a cikin daƙiƙa huɗu take. Daga lokacin da kulki ya daki ƙwallo zuwa lokacin da mai gudu zai taka tasha ta ɗaya, abin da ake da shi ke nan, daƙiƙa huɗu da ɗan ɗoriya. A cikinsu mai tsaron ciki zai gane inda ƙwallon ta nufa, ya tare ta tana tsalle-tsalle a ƙasa, ya ɗauke ta da safa, ya mayar da ita hannun jifa, ya gyara ƙafafunsa, sannan ya aika ta mita 30 zuwa 40 ta faɗa daidai ƙirjin abokinsa. Ƙwallon ba ta da alƙawari. Tsakuwa ɗaya ko sawun takalmin wani ya isa ya sa ta canza hanya ta nufi haɓar mutum. Shi ya sa gwanaye ba sa jiranta a tsaye. Tun kafin a buga sun karanci irin jifan da ke tafe da halin mai bugun, sun gusa taku biyu hagu ko dama, sannan su zaɓi tsallen da za su tare ta a kai, ko dai tana tasowa daga ƙasa ko kuma tana gangarowa. Wanda ya bari ta same shi a tsakiyar tsalle ya shiga uku.

Akwai kuma abin da ya fi wannan wuya, wato fitar da mutum biyu da bugu ɗaya. A ce akwai mai gudu a tasha ta ɗaya, aka bugo ƙwallo ta ƙasa. Mai tsaron tsakani ya ɗauke ta ya miƙa wa abokinsa a tasha ta biyu, shi kuma ya taka tashar, ya juya ya wurga ta ɗaya, alhali wani ƙato na sulalowa ta ƙasa ƙafafu a gaba zuwa inda yake tsaye. Hannu uku ƙwallon za ta bi, duk dai a cikin daƙiƙa huɗun nan. A ganina babu abin da ya kai wannan kyan kallo a wasan gaba ɗaya, har da bugun da ke tsallake katanga wanda 'yan kallo suka fi yi wa sowa.

Wani abin mamaki, bahago ba ya samun aiki a uku daga cikin guraben nan huɗu. Tunda gudun yana kewayawa ne ta hannun hagu, mai jifa da dama yana ɗaukar ƙwallo jikinsa na fuskantar inda zai aika ta. Bahago kuwa sai ya juya tukuna, kuma juyin nan na ƙiftawar ido ya isa mai gudu ya tsira. Don haka bahago sai dai tasha ta ɗaya, ko can bayan fili, ko kuma ya zama mai jifa, inda ake rububinsa.

Aiki ne da ba a cika gode wa mai yinsa ba. Ya tare ƙwallo ɗari lafiya, an ce aikinsa ne. Ya kuskure ɗaya, akwai jami'i na musamman a saman rumfa da zai rubuta kuskuren a gaban sunansa, ya shiga kundi har abada.

Ɗaki a bakin fili

An haifi Ngoepe ranar 18 ga Janairu 1990 a Pietersburg, garin da yanzu ake kira Polokwane, saura ƙasa da wata guda a saki Nelson Mandela daga kurkuku. Mahaifiyarsa ta gangara kudu neman aiki, ta samu a Randburg, wata unguwa a arewacin Johannesburg da mulkin wariyar launin fata ya keɓe wa Turawa. Aikin shi ne kula da ginin wata ƙungiyar besbol mai suna Randburg Mets: shara, wanke-wanke, girki da sayar da ɗan abin taɓawa ranar wasa. Aka ba ta wani ɗan ƙuƙutun ɗaki a jikin ginin, nan ta zauna da 'ya'yanta.

Wannan ɗaki shi ne mabuɗin labarin. Yaron bai je neman besbol ba, buɗe ƙofa kawai yake yi ya gan shi. 'Ya'yan Turawa sai an kawo su a mota ranar atisaye an dawo an ɗauke su. Shi kuwa filin tsakar gidansu ne, safe da yamma, ko akwai koci ko babu. Yana da bango, yana da ƙwallo, yana da lokaci. Yaron da ya jefi bango ya tare ƙwallo sau dubbai kafin ya kai shekara goma, hannunsa ya riga ya san abin da ba a koyarwa da baki.

Da ya tasa aka sa shi cikin tawagar matasan ƙasarsu. Daga nan aka gayyace shi makarantar horo da MLB ke shiryawa a Tirrenia ta ƙasar Italiya domin matasan Turai da Afirka, inda tsofaffin gwanaye irin su Barry Larkin, wanda ya yi shekaru yana tsaron tsakani a Cincinnati Reds, suka riƙa koyarwa. A can masu farautar 'yan wasa na Pittsburgh Pirates suka ƙyalla ido suka gan shi. A 2008 ya sa hannu a kan dala 15,000, ya zama baƙar fata na farko daga Afirka ta Kudu da ya samu kwantiragin ƙwararru a wannan wasa. Kuɗin da yawa a idon mai kwana a ɗaki ɗaya da uwa da 'yan'uwa, amma a kasuwar da ake ba wasu 'yan shekara 16 miliyoyi, kuɗin gwaji ne kawai.

A watan Maris na 2009 aka yi gasar besbol ta duniya. Afirka ta Kudu ta kara da Meziko a babban birninsu, aka lallasa ta 14 da 3. Amma yaro ɗan shekara 19 ya buga ƙwallon da ta kai shi har tasha ta uku, ba sau ɗaya ba, sau biyu, kuma daga hannun Elmer Dessens, wanda ya daɗe yana jifa a MLB. A wannan shekarar mujallar Sports Illustrated ta yi dogon rubutu a kansa. Mai karanta rubutun a lokacin zai ɗauka saura ƙiris. Ashe tafiyar ko farawa ba ta yi ba.

Hawa bakwai, sauka takwas

Mu nan mun saba ƙungiya ce ke hawa ko sauka. Magoya bayan Katsina United sun ɗanɗani zaƙin hawa babban rukuni, sun kuma ɗanɗani ɗacin faɗowa. A besbol ɗin Amurka ƙungiya ba ta motsi, mutum ne ke hawa da sauka. Kowace babbar ƙungiya tana da jerin ƙananan ƙungiyoyi a ƙarƙashinta, a garuruwa daban-daban, mataki bisa mataki, daga na sababbin shiga har zuwa na ƙarshe da ake kira Triple-A. Ita ke biyan albashin kowa, ita ke cewa wane ya hau, wane ya sauka, wane ya tattara kayansa.

Zaman ɗan wasa a waɗannan matakai zaman yaron mota ne a tashar Ƙofar Guga. Ya iya tuƙi, kowa ya san ya iya, shi ke tayar da mota da asuba, shi ke gyara mata tsayuwa, amma sitiyari na maigida ne. Ranar da zai ja mota zuwa Jibiya ita ce ranar da maigida ya kwana da zazzaɓi, kuma da ya warware zai karɓi makullinsa. Wasu yaran suna zama direbobi. Mafi yawa suna gajiya su kama wata sana'a.

Ngoepe ya fara a Bradenton ta jihar Florida a 2009, ya wuce State College a 2010, sai West Virginia a 2011, shekarar da rauni a hannu ya cinye masa mafi yawan kaka. Ya sake komawa Bradenton a mataki na gaba, sannan Altoona, inda ya daɗe yana kai da komo, sai Indianapolis a 2015. Garuruwa ne da ko Ba'amurke sai ya duba taswira kafin ya nuna wasu daga cikinsu. Tafiya a bas ce, ta sa'o'i, sau da yawa cikin dare bayan an tashi wasa. A shekarun nan albashin ɗan ƙaramin mataki bai wuce dala 1,100 a wata ba, kuma watannin kaka kaɗai ake biya, alhali mafi ƙarancin albashin shekara a MLB a 2017 dala 535,000 ne. Sai a 2023 'yan ƙananan matakan suka samu yarjejeniyar ƙwadago ta farko da ta ninka musu albashi, lokacin Ngoepe ya riga ya wuce wurin.

A 2013 mahaifiyarsa ta kwanta rashin lafiya. Ya bar kaka a tsakiya ya koma gida, ta rasu. Ya dawo Amurka ya ci gaba. A ƙarshen 2015 Pirates suka sa shi cikin jerin mutum 40 da ƙungiya ke killacewa don kada wasu su ɗauke mata, alamar ana ji da shi. Ƙaninsa Victor ma ya bi sawunsa, ya sa hannu da ƙungiyar ɗaya. Duk da haka sai da ya buga wasa sama da 700 a ƙananan matakai kafin a kira shi.

Me ya riƙe shi?

Ba safa ba ce. Masu bibiyar matasan Pirates sun yi ta bayyana shi a matsayin wanda ya fi kowa iya tsaron ciki a duk gidan, har ana cewa ta wannan fannin ya isa shiga MLB tun da daɗewa. Kulki ne ya riƙe shi.

A besbol babu mai tsaro zalla. Ban da mai jifa, duk wanda ya sa safa, in layi ya zo kansa sai ya ɗauki kulki, sau huɗu ko biyar a wasa. Ana auna mai bugu da yawan lokutan da ya yi bugu mai kyau a cikin damar da ya samu. Wanda ke samun uku cikin goma, ana rubuta masa .300, gwani ne. Mai .250 matsakaici ne. Mai .200 kuwa ya fara haɗa kaya. Mai karatu ya lura da ƙanƙantar tazarar: a cikin dama 500, bambancin mai .300 da mai .250 bugu 25 ne, wato kamar bugu ɗaya a mako a tsawon kaka. Bugu ɗaya a mako ke raba tauraro da wanda ba a san da zamansa ba.

Wannan iyaka ta .200 har suna gare ta, ana ce mata layin Mendoza, saboda Mario Mendoza, ɗan Meziko da ya tsare tsakani a Pirates ɗin nan daga 1974 zuwa 1978. Hannunsa lafiya lau, kulkinsa kuwa sai addu'a, ya gama da .215. A ɗaya gefen akwai Ozzie Smith na St. Louis Cardinals, wanda ya ci kyautar gwarzon mai tsaro a gurbinsa shekara 13 a jere, daga 1980 zuwa 1992. Shi ma ba wani mai ƙarfin bugu ba ne, sau 28 kacal ya tsallakar da ƙwallo katanga a kaka 19. Amma ya riƙe .262, kuma wannan ya isa safarsa ta ciyar da shi har ya shiga zauren fitattu a 2002. Ngoepe a ƙananan matakai yana wajen .230 ne, kuma yawan fitar da shi da ake yi ba tare da ya taɓa ƙwallo ba ya yi yawa. Da farko yana bugu ta dama da ta hagu, daga baya ya haƙura da hagun ya tsaya a dama, ko abin zai gyaru. Ya ɗan gyaru, bai isa ba.

Ga inda nake ganin gizo ke saƙa. Tsaro sana'a ce da yaro zai iya koya shi kaɗai, bango da ƙwallo sun wadatar. Bugu ba ya koyuwa sai da mai jifa, kuma ba kowane mai jifa ba. Ƙwallon da ke tafe a kilomita 150 tana isowa cikin ƙasa da rabin daƙiƙa. A cikin wannan ɗan lokaci mai bugu zai gane ko miƙaƙƙiya ce, ko mai lanƙwasa ce da za ta karkace ta faɗi a gabansa, ko kuma mai yaudara ce da ke fitowa kamar mai sauri alhali a hankali take tafe. Ido ba ya koyon wannan sai ya ga dubban irinsu tun yana ɗanye. Yaron California ko na Santo Domingo yana fuskantar masu jifa na gaske tun yana ɗan shekara 13 ko 14. Randburg ta ba Ngoepe fili da bango ba iyaka, amma ba ta da masu jifan da za su horar da idonsa. Ya isa Amurka da hannun ƙwararre da idon ɗan koyo, kuma shekarun da ido ke saurin koyo sun riga sun wuce.

Daren 26 ga Afrilu

A ƙarshen Afrilun 2017 David Freese, mai tsaron tasha ta uku a Pirates, ya samu ciwo a cinya. Maigida ya kwana da zazzaɓi ke nan. Aka kira Ngoepe daga Indianapolis. Don a samar masa gurbi sai aka mayar da Dovydas Neverauskas ƙasa, wanda shi ma kwana biyu kafin nan ya kafa tarihin zama na farko da ya taso a Lituweniya ya buga MLB. Haka wasan yake, mai tarihi ke ture mai tarihi.

Abokan karawar su ne Chicago Cubs, masu riƙe da kambu, waɗanda suka ci kofi a 2016 bayan shekara 108 suna nema. A zagaye na huɗu koci Clint Hurdle ya tura Ngoepe tasha ta biyu, da lamba 61 a bayansa. A wannan zagayen layin bugu ya zo kansa, kuma mai jifan shi ne Jon Lester, bahagon da ya ci kofin MLB sau uku. Ngoepe ya daki ƙwallo ta ratsa tsakiyar fili, ya isa tasha ta ɗaya lafiya. Kocin da ke tsaye a wurin ya rungume shi, 'yan benci suka miƙe. Pirates suka ci 6 da 5.

A Pittsburgh daren 26 ga wata ne, amma a Afirka ta Kudu an riga an shiga 27 ga Afrilu, ranar da ƙasar ke hutun tunawa da zaɓen 1994, na farko da baƙar fata suka jefa ƙuri'a tare da kowa. Shekara 70 ke nan da 'yan kwanaki tun da Jackie Robinson, shi ma mai tsaron ciki, ya karya shingen da ya hana baƙaƙen Amurka shiga gasar, ranar 15 ga Afrilu 1947.

Bayan kwana biyu aka fara wasa da shi a Miami. Sau biyar ya ɗauki kulki, sau biyar ya isa tasha: bugu uku masu kyau, ɗaya har tasha ta uku, sau biyu kuma mai jifa ya kasa saita shi aka ba shi hanya kyauta.

Daga nan masu jifa suka gano shi. A MLB kowace ƙungiya na da ma'aikatan da aikinsu kawai kallon bidiyo da tattara alƙaluma, su gano irin jifan da kowane mai bugu ba ya so. Cikin 'yan makonni sun san inda za su ajiye masa ƙwallo. A ƙarshen Mayu aka mayar da shi Indianapolis, bayan wasa 28 da bugu 12 cikin dama 54. A watan Nuwamba aka sayar da shi ga Toronto Blue Jays ta Kanada. Ya fara kakar 2018 da su, ya buga wasa 13, bugu ɗaya tak cikin 18. Jimilla .181, ƙasa da layin Mendoza. Bai sake komawa ba. Ya ci gaba da wasa a Sydney ta Ostireliya, da Lancaster, da Quebec, daga baya ya koma horar da matasa a gidan Arizona Diamondbacks.

Akwai masu kallon alƙaluman nan su ce ai bai yi abin kirki ba. Ni ban yarda ba. Mafi yawan waɗanda ke sa hannu da ƙungiyoyin MLB ba sa taɓa taka babban fili ko na yini ɗaya, kuma kusan dukkansu sun taso ne a inda wasan ke da gindin zama.

Mu fa?

Najeriya ba baƙuwar besbol ba ce ɗungurungum. A wasannin Afirka na 1999 a Johannesburg, da na 2003 da aka yi a Abuja, wanda muka fi sani da COJA, Najeriya ce ta zo ta biyu, Afirka ta Kudu na gaba. Akwai filin wasan a harabar babban filin wasa na Abuja, akwai kuma a Ilori. Amma fili biyu ko uku a ƙasa mai mutum sama da miliyan 200 ba ya haifar da komai, don yaro ba ya sha'awar abin da bai taɓa gani ba.

Bakatsine ya fi kowa sanin haka. Ƙwallon dawaki wasan baƙi ne, mai tsada kuma, amma ya zauna daram a Katsina saboda Sarki Muhammadu Dikko ya karɓe shi, ya ba shi fili da dawaki, ya sa 'ya'yansa a kai, har ɗansa Sarki Usman Nagogo ya zama ɗaya daga cikin manyan gwanayen da Najeriya ta taɓa yi. Yaran da suka taso suna riƙe linzami a bakin filin su ne suka zama 'yan wasan gaba. Abin da ya faru da besbol a Jamhuriyar Dominika ke nan, ƙasar da jama'arta ba su kai na jihar Kano ba. Duk ƙungiyoyin MLB 30 suna da makarantar horo a can, kuma kusan ɗaya cikin goma na 'yan wasan gasar daga can suke. Gari ɗaya, San Pedro de Macorís, ya yi suna wajen fitar da masu tsaron ciki irin su Tony Fernández da Robinson Canó. Yaran can ba su fi namu ƙashi ko jini ba. Sun dai fi su ganin jifa. Ko ɗan Afirka ta Kudu na biyu da ya shiga MLB, Tayler Scott, wanda ya fara da Seattle Mariners a 2019, sai da ya koma Amurka yana matashi ya ƙarasa sakandare a can, kuma shi mai jifa ne, ba mai bugu ba.

Wannan ya sa masu neman 'yan wasa suka fara tunanin kawo makarantar inda yaran suke, maimakon jiran sa'a ta sake ajiye wani yaro a ɗakin bakin fili. Ƙasar da suka zaɓa ba Afirka ta Kudu ba ce, ba kuma Najeriya ba. A 2012 wasu yara daga Lugazi, garin rake a Yuganda, suka zama tawagar Afirka ta farko da ta buga gasar yara ta duniya a Williamsport. Bayan shekara goma Los Angeles Dodgers suka ɗauki matasa biyu daga ƙasar, Ben Serunkuma da Umar Male, sannan a 2023 Pirates, tsohon gidan Ngoepe, suka ɗauki David Matoma. Yadda aka yi Yuganda ta sha gaban kowa, da wanda ya kai musu wasan, da abin da ya sa aka fi samun masu jifa a cikinsu, shi za mu duba a babi na gaba.